Sarkin Da Aka Rufe Wa Fuska

"Kolapo za ki ba," in ji Baba Lajide, bai ko ɗago kai daga kwanon amalarsa ba. "Na riga na faɗa wa mutane."

Arinola tana durƙushe a gefen kujerarsa tun da ta shigo gaisuwa, bai ce ta tashi ba. Shekarunta talatin da ɗaya, ita ce mai zaɓen 'yan wasa wadda furodusoshin Legas ke biyowa har Ibadan, amma a falon mahaifinta da ke unguwar Oje gwiwa biyu take magana.

"Baami, matsayin sarki ne, fim ɗin kuma ba nawa ba ne. Sai an yi gwaji."

"Gwaji." Ya maimaita kalmar kamar ya tauna tsakuwa. "Shekara arba'in da biyar ina wasa, tun muna yawo gari-gari a bayan akori-kura, ban taɓa ganin an tsayar da babban mutum a layi an manna masa lamba a ƙirji ba. Sai da na tura ki makaranta."

Kolapo yana zaune a ɗaya kujerar, zobba uku a hannun da yake cin abinci da shi. Fuskarsa ce a kan rabin fastocin fina-finan da ke manne a bangon kasuwar Dugbe.

"Ƙyale ta, Oga, aikin boko ne," ya ce yana lasar yatsa. "Ƙarshen wata in mutanena suka zo, za ta huta da duk wannan wahalar. Ko ba haka ba, amaryata?"

"Buroda Kolapo, miya na zuba a rigarka."

Ta faɗa da murmushin dole.

Shekara tara Dehinde, saurayin da take so, ya yi a ƙarƙashin mahaifinta. Shekara tara yana wanke mota, yana ɗaukar jakar kaya, yana riƙe wa Oga lema a wurin ɗaukar fim, yana jiran ranar da za a yaye shi. A wannan sana'a, wanda ubangidansa bai tsaya gaban dattawan ƙungiya ya ce ya gama koyo ba, babu daraktan da zai sa shi a fim. Kowa ya san ana cin ƙuruciyar mutane da sunan tarbiyya, kowa kuma ya ɗaga kafaɗa ya ce haka muka tarar. Kolapo shekara uku kawai ya yi aka yaye shi da kiɗa, domin mahaifinsa ne ya saya wa ƙungiyar bas.

Da Kolapo ya lura inda zuciyar Arinola ta karkata, sai ya aiki Dehinde Abeokuta ya kai wa wani darakta abokinsa kayan sawa. A can aka ce mutane sun yi kaɗan a fitowar kasuwa, ya taimaka ya tsaya cikin taro. Daƙiƙa goma ya yi a gaban kyamara, yana riƙe da kwandon barkono. Washegari Kolapo ya kawo wa Baba Lajide hoton a waya, ya ce ga yaronka yana wasa a gidan wani.

Ranar aka watso wa Dehinde kayansa waje. Ranar kuma Baba Lajide ya rantse a gaban 'yarsa: ba zai ba ta ga wanda bai yaye ba, shi kuwa ba zai yaye shi ba.

Wata goma sha huɗu ke nan tana haɗiye wannan magana.

"To Baami, ga abin da zan iya," ta ce, ta ƙara sunkuyar da kai. "Zan ɗauki gwajin kowa. Ranar Alhamis in kawo taron ƙungiya in haska, kai da kanka ka zaɓa gaban dattawa. Wanda ka nuna, shi ne sarki. Sai dai ka san sarkin labarin nan ba a ganin fuskarsa, kambinsa yana da labulen duwatsu har haɓa. Haka za su yi gwajin."

Sai yanzu ya dube ta.

"Wanda na koya wa wasa, ko a buhu aka ɗaure shi zan gane shi. Tashi ki zauna."

Ta tashi. Abin da take so ya faɗa ke nan.

Washegari da tsakar rana ta sami Dehinde a tashar tasi ta Mokola, yana leƙo da kai ta tagar wata tsohuwar motar Micra yana kiran fasinjan Ojoo. Ta buɗe gaba ta zauna, ta ce wa matar da ke ƙoƙarin shiga baya motar shata ce.

Dehinde ya yi baƙi, ya rame. Bai ja motar ba.

"Arin, na ce ki daina zuwa nan."

"Ka ce. Ja mu tafi."

Ya gangara ya tsaya a gindin wata bishiyar mangwaro bayan gidan mai. Ta zaro takarda ɗaya daga jakarta ta ɗora masa a cinya.

"Laraba, ƙarfe tara. Fitowa ɗaya ce, babu ko magana a ciki."

Ya karanta, ya mayar mata.

"Ba a yaye ni ba."

"Gwaji na ce, ba fim ba."

"Kwandon barkono ma ba fim ba ne, kin ga inda ya kai ni." Ya yi dariyar da ba ta kai ido ba. "Mahaifinki ya ciyar da ni shekara tara. In na tsaya gaban kyamara ba da bakinsa ba, abin ba zai yi albarka ba."

"Ciyar da kai? Dehinde, sauran kwanonsa kake ci. Sau nawa ya zaunar da kai ya ce yi in gani? Sau nawa? Faɗa min ɗaya."

Ya kawar da kai.

"Ni na gan ka," ta ce. "Ta tagar kicin nake kallonka a bayan gida, kana maimaita duk abin da aka yi a lokeshin, kai kaɗai, kai ne sarki kai ne bawa. Na tantance mutum ya fi dubu biyu a aikin nan. Na san mai ihu, na san mai wasa. Kana nan kana kiran Ojoo, Ojoo, wanda ya yi maka ƙarya kuma yana cin amala a falonmu yana kirana amaryarsa."

"Ki aure shi mana, ki huta."

Ta juyo gaba ɗaya ta dube shi. Hawayen da take riƙewa suka sauko.

"Sake faɗa."

Ya kifa goshinsa a kan sitiyari. Kafaɗunsa suka girgiza sau biyu.

"Me zan ba ki, Arin? Motar nan ma ba tawa ba ce. Mahaifiyata tana Iseyin tana gaya wa maƙwabta ɗanta ɗan fim ne, kullum tana tambaya yaushe za ta gan ni a talabijin. Na rasa me zan ce mata. Da safe in na wuce ta Oje ina rage gudu a ƙofar gidanku, ko Oga zai fito in kwanta in gaishe shi. Har yau ban iya tsanarsa ba."

"Ni na iya maka," ta ce tana share fuska da bayan hannu. "Ka zo ranar Laraba. Don ni."

"Wa zai gani?"

"Ni da mai kyamara."

Ƙarya ta yi masa, ta kuma san ta yi. Da ta gaya masa gaskiya da bai zo ba.

Ɗakin gwajin wani aji ne da ta kama haya a Bodija, an rufe tagoginsa da baƙin yadi. Mutum biyar ta gayyata, duk tsayinsu ɗaya, kowa da sa'arsa don kada su haɗu. Babbar riga ɗaya mai dogon hannu, kambi ɗaya, wutsiyar doki ɗaya ta riƙewa. Kyamara tana nesa, daga kai har ƙafa.

Kowa abu ɗaya ta gaya masa. Kana zaune a fada, ɗan aike ya raɗa maka cewa an kashe ɗanka tilo a yaƙi. Sarki ba ya kuka a gaban jama'a, ba ya magana. Ka tashi ka shiga gida.

Kolapo ya zo ƙarfe biyu maimakon sha biyu, da turare da waya a kunne. Da aka ɗora masa kambin ya ce, "Wannan abin yana rufe kasuwata. Mutane fuskata suke biya su gani." Bai saurari bayanin har ƙarshe ba, don a ganinsa ya yi sarki sau talatin. Ya zabura, ya dafe ƙirji, ya kaɗa wutsiyar doki sama da ƙasa, ya yi taga-taga har bango.

"Ya yi, Buroda?" ya tambayi mai kyamara.

"Ya yi sosai," Arinola ta amsa masa. "Ba sai an sake ba."

Dehinde kuwa tun tara saura ya iso. Da labulen duwatsun ya sauka a fuskarsa sai ɗakin ya canja. Ta karanta saƙon ɗan aike. Bai motsa ba. Ya daɗe bai motsa ba, har mai kyamara ya dube ta. Sannan wutsiyar dokin ta sulale kaɗan daga hannunsa, ya damƙe ta kafin ta faɗi. Ya miƙe a tsaye ƙyam, ya yi taku uku irin na sarakuna. A na huɗu ƙafar hagu ta ƙi ɗaguwa, ta ja ƙasa. Ya tsaya, ya gyara kafaɗa, ya ci gaba.

Duwatsun labulen kaɗai ke rawa.

Arinola ta manta ba ta ce a yanke ba.

Kafin ya tafi ta ce masa gobe ya zo ya kai ta zauren ƙungiya da majigi, ya jira a mota. Ya ce ba ya son a gan shi a wurin. Ta ce babu mai leƙa tasi.

Ranar Alhamis da hantsi zauren ya cika. Dattawa bakwai a gaba, Iya Abeke a tsakiyarsu, tsohuwar da ta shekara hamsin tana fitowa a mayya, yanzu ita ce shugaba. Baba Lajide na damanta da hular da yake sawa ranar biki. Kolapo a bayansa, ya miƙe ƙafa.

"Na cakuɗa jerin, iyayena," in ji Arinola bayan ta durƙusa ta gaida kowa. "Babu suna, lamba ce kawai."

Lamba ɗaya ta wuce ba wanda ya tanka. Da lamba biyu ta fara dafe ƙirji tana kaɗa wutsiya, sai Baba Lajide ya fashe da dariya.

"Wannan sarki ne ko mai korar ƙuda a mahauta? Ina kika samo shi, Arinola?"

Zaure ya ɗauki dariya. Kolapo ya fi kowa ɗaga murya, amma Arinola ta ga yadda ya janye ƙafafunsa ya gyara zama. Ya gane kansa.

Lamba huɗu ta zo.

Surutu ya mutu. Wata mata a baya ta ajiye gyaɗar da take ɓarewa. Da ƙafar hagun nan ta ja ƙasa, Baba Lajide ya dafa gwiwa ya miƙe tsaye bai sani ba.

"Tsaya. Mayar baya."

Ta mayar.

"Kun gani? Abeke, kin tuna? Ni na yi wannan takun a Oshogbo, shekarar da rufin zaure ya yi yoyo. Ban taɓa koya wa kowa shi da baki ba, sai wanda ya zuba min ido." Ya juya yana haki. "Kolapo, ashe kana kallona haka?"

Kolapo ya murza zobensa. Duk zauren shi ake kallo.

"Ai kai ne madubinmu, Oga," ya ce.

Arinola ta tsayar da hoton. Ta matso ta durƙusa.

"Baami, lamba huɗu ya iya?"

"Iya? Wannan ya gama. Babu abin da ya rage in koya masa. Hannuna ne, na kuma tsaya masa a gaban kowa. Shi ne sarki."

"Iya Abeke, kin ji?"

"Kunnena ƙalau, 'yar nan."

"To bari mu ga fuskoki."

Ta koma lamba biyu ta bar hoton ya ci gaba. Mai korar ƙuda ya cire kambi, ya share gumi, zobba uku suna walƙiya, ya tambayi kyamara ko ya yi.

Wani ya yi tari. Wata ta toshe baki da mayafi, dariyar ta fito ta hanci. Daga nan zaure ya ɓarke.

Ba ta jira ya lafa ba ta saki lamba huɗu. Hannuwa biyu suka ɗaga kambin a hankali. Dehinde ne, fuskarsa jiƙe sharkaf da hawayen da labule ya ɓoye.

Dariyar ta yanke kamar an ɗauke wuta.

"Maƙarƙashiya ce," Kolapo ya miƙe yana nuna Arinola da yatsa. "Wannan yaron korarre ne, ba a yaye shi ba. Dokar ƙungiya ta hana."

"Zauna, mai korar ƙuda," in ji Iya Abeke ba tare da ta dube shi ba. "Ɗazu ka ce kai ne lamba huɗu." Ta juya ga Baba Lajide. "Lajide, mu bakwai muka ji ka. Ka ce ya gama, ka ce hannunka ne, ka ce ka tsaya masa. Da waɗannan kalmomin aka yaye ni, da su aka yaye ka. Ba suna ka yaba ba, aiki ka yaba. Ko za ka ce idonka ya yi ƙarya?"

Baba Lajide ya matsa gaba. Yana tsaye yana kallon fuskar da ke kan bango, kamar yau ya fara ganinta.

"Yana ina?" ya ce daga ƙarshe.

Aka shigo da Dehinde da makullin mota a hannu. Ya ga kansa a bango, ya ga ubangidansa, ya dubi Arinola sau ɗaya. Kallon ya fi mari zafi. Sannan ya zube ƙasa ya miƙe rub da ciki, ya kama ƙafafun tsohon.

"Oga, ban sani ba. Wallahi ban san za a kawo nan ba. Ka yafe min."

"Wa ya koya maka takun nan?"

"Kai ne, Oga. Ina riƙe da lemarka nake kallo."

Tsohon ya dube shi. Ya sunkuya da ƙyar ya ɗora tafinsa a kan Dehinde.

"Na yaye ka. Inda ka taka ƙasa ta karɓe ka. Abin da ka gani a wurina ya ciyar da kai, ya ciyar da 'ya'yanka. Tashi, kai ma oga ne yau."

Dehinde bai iya tashi ba. Kuka yake kamar wanda aka yi wa rasuwa, mata biyu a baya suna taya shi.

Kolapo ya suri hularsa ya nufi ƙofa. Arinola ta sha gabansa.

"Buroda, kada ka tafi hannu wofi. Akwai matsayin ɗan aiken da ke rarrafowa gaban sarki ya kawo labari. Ka iya kai labari, na shaida. Litinin ƙarfe bakwai, ka zo da wuri, akwai layi."

Ya fita ana binsa da ido.

Wata goma sha huɗu tana tsara wannan lokacin, ta kuma ji daɗinsa har cikin ƙashi. Sai da ta juyo ta ga mahaifinta ya cire hular bikinsa yana murɗa ta a hannu, ya tsufa da shekara goma cikin rabin sa'a.

Ta je ta durƙusa.

"Baami."

"Na rantse ba zan ba ki ga wanda ban yaye ba," ya ce a hankali, amma babu wanda bai ji ba. "Na yaye shi. Ya turo mutanensa, ba zan hana ba. Shi ya biya ni da kyakkyawan aiki." Ya sa hular. "Ke kuwa kin tara sa'annina kin haska musu wautata a bango. A ɗaki kika kasa nuna min?"

"Shekara tara yana ɗakinka, Baami. Ba ka duba ba."

Iya Abeke ta ja numfashi. Tsohon ya gyaɗa kai sau biyu.

"Kin iya aikinki. To ga wani aikin. Ranar da angonki zai kwanta ya yi gaisuwa gaban iyayenki, ni ba na nan. Ke ce mai zaɓen 'yan wasa. Ki nemo wanda zai fito a matsayin ubanki."

Ya ratsa tsakiyar zauren, mutane suna darewa.

Arinola ba ta tashi daga durƙuson ba. Hawaye na zuba a kan zanenta, amma muryarta ba ta karye ba.

"Wannan matsayin ba na gwaji ba ne, Baami. Zan sa kujerarka a gaba, in bar ta babu kowa, duk Ibadan su zo su gani."

Baba Lajide ya tsaya a bakin ƙofa, hannunsa a kan mariƙi. Bai juyo ba, bai kuma fita ba.